Yadda aka ɗauki mafarki a fim tun babu kwamfuta

Tambaya: Malam, na ci karo da wani tsohon fim marar magana na shekarar 1906. Wani mutum ya ci ya sha har ya wuce ƙima, ya kwanta, sai gadonsa ya fice da shi ta taga yana shawagi a saman birni. Lokacin ko rediyo bai shiga gidaje ba, balle kwamfuta. Ta yaya suka haɗa wannan? Kuma me ya sa finafinan wancan zamani suka cika mafarki haka?

Amsa: Fim ɗin da ka gani na kamfanin Edison ne a Amurka. Edwin S. Porter ya shirya shi, sunansa Dream of a Rarebit Fiend, kuma an ɗauko shi ne daga zanen barkwancin da Winsor McCay yake fitarwa a jarida. Tambayoyinka biyu a haɗe suke, amma ba za ka ga inda suka haɗu ba sai ka san irin kyamarar da mutanen nan suke riƙe da ita.

Akwati ce ta katako mai hannu a gefe. Mai ɗaukar hoto shi yake wana hannun, zaren fim yana wucewa ta bayan gilashi, yana ɗaukar ƙananan hotuna wajen 16 a kowace daƙiƙa. Ba inji ke jan zaren ba, hannun mutum ne. Saboda haka yana iya tsayawa ya ci gaba, yana iya mayar da zaren baya ya sake ɗauka a kansa, yana iya rufe wani ɓangare na gilashin, yana iya rage saurin wanawa ko ya ƙara. Kusan duk siddabarun da ka gani a finafinan shekaru ashirin na farko daga waɗannan 'yan abubuwa ya fito, kuma a cikin kyamarar ake gama shi, a wurin ɗauka.

Wanda ya fi kowa gane amfanin wannan shi ne Georges Méliès na Faransa. Ɗan rufa-ido ne tun kafin a san fim. A 1888 ya sayi gidan wasan Robert-Houdin a birnin Paris, yana ɓatar da mutane a kan dandamali ta ƙofofin ɓoye da madubai. Da 'yan'uwan nan Lumière suka haska fim ga jama'a a Paris a ƙarshen Disamba 1895, su rayuwar yau da kullum suka sa gaba: ma'aikata na fitowa daga masana'anta, ana ciyar da jariri. Méliès kuwa sabon kayan rufa-ido ya gani. Shi da bakinsa ya ba da labarin cewa wata rana yana ɗaukar titi a dandalin Opera sai zaren ya maƙale, ya ɗan ɗauki lokaci yana gyarawa, ya ci gaba. Da ya wanke fim ɗin sai ya ga keken dokin fasinja ya rikiɗe ya koma keken ɗaukar gawa, maza sun koma mata. Labarin yana da daɗi, amma masana tarihi da yawa ba su gamsu da shi ba, domin tun 1895 kamfanin Edison ya yi amfani da dabarar a wani gajeren fim kan fille kan Sarauniya Mary ta Sikotilan: aka tsayar da kyamara, aka janye mutum, aka sa mutum-mutumi, gatari ya sauka.

Ko ma wa ya fara, Méliès ne ya mai da abin sana'a. A 1896 ya zaunar da wata mace a kujera, ya rufa mata zane, ya yaye, babu ita. Sai ƙwarangwal ya bayyana. Sai ta dawo. A dandamali wannan wasa sai da ƙofar ɓoye a ƙasa, a fim kuwa tsayawa kawai ake yi, kowa ya ƙame inda yake, macen ta tashi ta fita. Duk aljanin da ka taɓa gani ya ɓace ɓat a fim ɗin Hausa ko na Indiya, jikan wannan dabarar ne. Sai dai akwai wani abu da ake yawan mantawa. Waɗanda suka duba tsofaffin zarurrukan da idonsu sun tarar cewa ba tsayar da kyamara kaɗai yake yi ba. Yakan yanke zaren da almakashi, ya zubar da 'yan hotunan da suka lalace wajen tsayawa da tashi, ya zaɓi daidai inda motsin hannu a ɗauka ta farko ya dace da na biyu, ya manne. Wato tace fim yake yi tun ba a san wannan aiki da suna ba. Ka riƙe wannan, domin shi ne ginshiƙin amsar tambayarka ta biyu.

Dabara ta gaba ta fi wuya nesa. Zaren fim haske yake ɗauka. Inda haske bai taɓa ba yana nan ɗanye, ana iya sake ɗauka a wurin. To idan ka rataya baƙin karammiski a bayan ɗan wasa, wurin baƙin nan bai ɗauki komai ba. Sai ka mayar da zaren baya, kana ƙirga sau nawa ka juya hannun, ka sake ɗaukar mutumin a wani gefen. Da haka Méliès ya cire kansa ya ajiye a tebur har kawuna uku suna waƙa tare da shi a 1898, kuma a 1900 ya zama makaɗa bakwai a jere, duk shi ɗaya. Ka yi tunanin abin da hakan yake nufi. Sau bakwai zare guda yana bi ta cikin kyamara. Idan ƙirga ta kuskure a na bakwai, ko hannunsa ya ɗan shiga wurin na kusa da shi, aikin duka ya tashi a banza, kuma ba mai sani sai an wanke. Babu allon dubawa, babu gogewa. A 1901 ya yi wanda kansa ke kumbura ana hura shi da zugazugi har ya fashe. Ba kyamarar ce ta matso ba, shi ne ya zauna a kan wani abu mai taya, jikinsa lulluɓe da baƙi, ana jawo shi a hankali zuwa gaban kyamara, wani na daidaita gilashi don kada fuskar ta dushe.

Idan kuma ba a sa baƙin zane ba aka ninka ɗauka biyu a kan juna, sai hotunan su ratsa juna, ka ga mutum kana kuma ganin bango ta cikin jikinsa. Wannan ya girmi fim. Masu ɗaukar hoto na ƙarni na 19 sun yi ta damfarar masu makoki da shi, suna ce musu kurwar mamacinsu ce ta fito a hoto, masu fitilar majigi ta da kuma suna narkar da hoto cikin hoto da fitila biyu. Don haka lokacin da fim ya zo, 'yan kallo a Turai sun riga sun saba cewa mutumin da ake gani ta cikinsa ba na duniyar ido-biyu ba ne.

Yanzu koma kan fim ɗinka. Wurin da mashayin ya rungume turken fitilar titi yana tangaɗi, gari na juyawa a bayansa, ɗauka biyu ce aka ninka: shi da turken ana karkata kyamara, sai kuma titi da aka ɗauka ana wurga kyamarar hagu da dama. Takalman da suke tafiya da kansu, hoto ɗaya-ɗaya aka ɗauka, ana matsar da su kaɗan tsakanin kowane hoto. Ƙananan shaiɗanun da ke sukar kansa, an ɗauke su daban a saman zaren da aka bari ɗanye. Shawagin gado kuma, an raba hoton biyu ne, sama na gado da mai barci, ƙasa na birnin New York da aka ɗauka kyamara na bin gari. Duk cikin mintuna kusan bakwai.

To me ya kawo mafarki? Dalili na farko na kasuwa ne, kuma babu abin kunya a cikinsa. Finafinan farko minti ɗaya ne zuwa biyu, babu magana, ana sayar da su da awon mita ga masu yawo da majigi a wuraren wasanni da gidajen rawa. Mai kallo yana son abin mamaki, amma yana son ya san dalilin da ya sa wata zai sauko ya ciji mutum. Ba ka da lokacin bayani. Ka ajiye gado, ka sa mutum ya kwanta, shi ke nan an gama bayani, kuma Bafaranshe da Baturen Ingila da ɗan Rasha duk sun gane ba tare da rubutu ba. Ƙarshen labari ma ya zo kyauta: ya faɗo daga gado ya farka. Tun 1896 Méliès ya yi Le Cauchemar a kan wannan tsari. Mutum na barci, mace ta bayyana a bakin gadonsa, ya miƙa hannu sai ta koma makaɗi, makaɗin ya koma ɗan wasan barkwanci, wata ya matso da ƙatuwar fuska ya kama masa hannu. A 1898 ya sake yin wani, masanin taurari ya yi gyangyaɗi, wata ya haɗiye masa madubin hangen nesa. Shi kansa Méliès ya rubuta daga baya cewa dabarun yake fara ƙirƙira, labari zare ne kawai da yake ɗinke su da shi.

Za ka ji wasu suna haɗa wannan da littafin Sigmund Freud, masanin halayyar ɗan'adam na ƙasar Austria, kan fassarar mafarki, tunda shekarar 1900 yake ɗauke da ita, daidai lokacin. Ni ban yarda da wannan haɗin ba game da finafinan farko. Mafarkinsu daga dandamalin wasa da tatsuniyoyi da zanen jarida ya fito, kuma sababinsa a fili yake: cin abinci mai nauyi da dare, giya, kwaɗayin abin da mutum ba shi da shi. Ba ruwansu da abin da ke binne a zuciya tun yarinta.

Dalili na biyu shi na fi ba muhimmanci. Ka tuna yadda mafarki yake tafiya. Kana cikin ɗakinku, sai ga ka a kasuwa, ba ka san hanyar da ka bi ba, kuma ba ka yi mamaki ba. Kana magana da yayanka sai ya zama malaminku na firamare, maganar ta ci gaba. A farke babu abin da yake faruwa haka. Duk inda za ka, sai ka taka hanya. Kafin fim babu wata fasaha da ta iya sa wa mutum wannan tsallake a gaban ido da motsi. Yankan zare da mannewa shi ne ya fara. Saboda haka ba wai mafarki ya ba su uzurin yin siddabaru kaɗai ba ne, dabarar da ke hannunsu ce ta zo da ɗabi'ar mafarki tun asali. Mu yanzu mun saba, ana yanka daga Kano zuwa Legas a fim ko ƙiftawa ba ma yi. Mutanen 1900 ba su saba ba, kuma gadon mai barci ya taimaka wajen koya musu.

Wannan ya haifar da wata matsala: ta yaya mai kallo zai san inda mafarki ya fara da inda ya ƙare? A nan Turawan Ingila suka yi fice, musamman George Albert Smith na garin Hove. A fim ɗinsa na 1898 yara biyu sun kwanta, an kashe fitila, sai wani da'ira ya buɗe a cikin duhun ɗakin yana nuna Santa Claus, dattijon almara mai kawo wa yara kyautar Kirsimeti, a kan rufin gida. Wuri biyu a hoto guda. A 1900 ya gwada wata hanya: dattijo yana shaƙatawa da budurwa, sai hoton ya dushe a hankali, ya sake fitowa sarai, ga shi a gado kusa da matarsa. Gilashin kawai ya juya ya ɓata daidaiton gani. Shekara ta gaba Ferdinand Zecca na kamfanin Pathé ya maimaita labarin, shi kuma ya narkar da hoton farko cikin na biyu. A wani fim ɗin Zecca na 1901, fursunan da ke jiran kisa yana barci, rayuwarsa ta baya tana bayyana a bangon da ke samansa. Dushewa, narkewa, da hoto cikin hoto: har yau da su ake ce wa mai kallo an shiga mafarki ko tuna baya.

Amma lura da abu guda a duk waɗannan. Mai barci yana gabanka, kana kallonsa daga waje, mafarkin yana yi masa wasa kamar a dandamali. Kai ɗan kallo ne, ba kai ke mafarkin ba. Sai bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya aka juya abin, kuma a ganina nan ne dabarun suka tashi daga ban mamaki suka fara taɓa zuciya.

Wanda nake so ka nema ka kalla shi ne Körkarlen na Victor Sjöström, daga Suwidin, wanda ya fito ranar 1 ga Janairu 1921, daga littafin Selma Lagerlöf. Almara ce cewa wanda ya mutu ƙarshe a daren sabuwar shekara shi zai ja keken mutuwa tsawon shekara yana kwasar rayuka. Dabarar ita ce dai ninkin ɗauka na zamanin Méliès, ba sabon abu ba. Bambancin yana hannun mai ɗaukar hoto Julius Jaenzon. Ya ninka har hawa huɗu a wasu wurare, ya tsara hasken kowane hawa daban, ta yadda kurwar ba ta manne a fuskar hoto ba, tana tafiya cikin ɗakin, kayan ɗaki na tare ta, tana wucewa ta gabansu da bayansu. Keken yana bi ta kan teku, direbansa ya sauka ƙarƙashin ruwa ya ɗauko ran wanda ya nutse. Kuma duk hawa sai hannun mai wanawa ya tafi da sauri iri ɗaya, in ba haka ba hasken zai riƙa rawa. Abin da ya sa fim ɗin yake ratsa jiki shi ne abin da aka yi da dabarar: mashayin da ya wulaƙanta iyalinsa, yanzu a matsayin kurwa, yana tsaye cikin ɗakinsu yana ganin matarsa na shirin halaka kanta da 'ya'yansu, yana kururuwa, ba ta jinsa, hannunsa ba ya iya taɓa komai. Duk wanda ya taɓa mafarkin da yake son ya yi ihu murya ta ƙi fita ya san wannan hali.

A Jamus kuma hanya biyu aka bi. A Das Cabinet des Dr. Caligari na 1920 kusan ba a yi wa kyamara wata dabara ba, gine-ginen aka zana a karkace, har inuwa da fenti aka shafa ta a bango. A Der letzte Mann na F. W. Murnau, 1924, mai ɗaukar hoto Karl Freund ya ɗaura kyamarar a ƙirjinsa yana tangaɗi, don mai kallo ya ga ɗakin yadda wani tsoho mai tsaron ƙofar otal yake ganinsa a buge, sannan a mafarkinsa ya ɗaga ƙaton akwati da hannu ɗaya, akwatin da nauyinsa ya jawo aka sauke shi daga muƙaminsa. Sai a 1926 tunanin Freud ya shigo sosai, a fim ɗin G. W. Pabst kan wani masanin sinadarai da ke tsoron wuƙa, inda almajiran Freud biyu, Karl Abraham da Hanns Sachs, suka ba da shawara. Freud da kansa ya ƙi sa hannu, yana ganin ba za a iya mai da irin wannan tunani hoto ba.

Amma wanda ya fahimci al'amarin har ƙasansa ɗan barkwanci ne, Buster Keaton, a Sherlock Jr. na 1924. Mai haska fim a silima ya yi barci a bakin aiki. Kurwarsa ta fita daga jikinsa ta hanyar ninkin nan da ka sani, ta bi tsakanin kujeru, ta hau ta shiga cikin allon. Allon ba allo ba ne, ɗaki ne aka gina a dandamali aka haska shi ya yi kama da fim. Sai fim ɗin da ya shiga ya fara yanka. Zai sauka daga matakala sai wurin ya zama lambu, ya faɗi. Zai zauna a benci sai ga shi a tsakiyar titi motoci na wucewa. Sai bakin dutse, sai tsakiyar zakuna, sai hamada jirgin ƙasa na tahowa, sai kan wani dutse a teku. Ya yi tsalle zai faɗa ruwa ya tsinci kansa a dusar ƙanƙara. Shi bai motsa daga inda yake ba, duniya ce take sauyawa a ƙarƙashinsa. Don jikinsa ya faɗa daidai wuri ɗaya a kowane hoto, shi da mai ɗaukar hotonsa Elgin Lessley sun yi amfani da kayan awo irin na safiyo, suna auna tazararsa da kyamara a kowane wuri. Babu wani dodo, babu hayaƙi. Yankan fim na yau da kullum ne kawai, aka sa mutum a ciki ya ji shi a jikinsa, sai ya zama mafarki. Shekara biyar bayan haka, a Faransa, Luis Buñuel da Salvador Dalí suka cire gadon da mai barcin gaba ɗaya a Un Chien Andalou, suka bar hotuna na bin juna ba wanda zai farka.

Zuwan magana daga 1927 ya tsayar da wannan na ɗan lokaci, domin ƙarar kyamara tana shiga makirufo, sai aka kulle ta a cikin wani ɗan ɗaki, aka kuma sa mata inji mai tsayayyen sauri. Siddabarun ya bar hannun mai wanawa ya koma ɗakin wanki, inda wata na'ura take sake ɗaukar zare daga zare. Mafi yawan aikin farko kuma ya salwanta, domin zaren wancan zamani mai saurin kama wuta ne, yana kuma ruɓewa. Wani bincike na Ɗakin Karatu na Majalisar Amurka a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinan Amurka marasa magana sun ɓace. Méliès ya yi finafinai sama da 500, wajen 200 ne suka rage. Ya karye, ya ƙone zarurrukansa da hannunsa a 1923, ya koma sayar da alewa da kayan wasan yara a tashar jirgin ƙasa ta Montparnasse.

Idan za ka ci gaba da kallonsu, nemi waɗanda aka gyara, ba kwafin da aka haska da saurin zamanin magana ba, wanda ke sa mutane gudu kamar ana korarsu. Da yawa ma ba fari-da-baƙi ba ne a asali. Ana rina dare da shuɗi, gobara da ja, wasu na Méliès kuma mata ne suka shafa musu launi da hannu hoto ɗaya-ɗaya a shagon Elisabeth Thuillier. Kana kallo ka riƙa lura da inda baƙi ya yi yawa a bayan ɗan wasa, nan aka bar wa ɗauka ta biyu. Inda wani abu ya ɓace, mayar da bidiyon baya ka duba hannun wanda ke tsaye kusa, sau da yawa za ka ga ya ɗan yi tsalle kaɗan, nan almakashi ya bi. Dabarar ɓacewar kuma za ka iya gwada ta yau da wayarka: kafa ta a wurin da ba za ta motsa ba, ka zaɓi lokacin da hasken rana ba ya sauyawa, ka yanka a tsakiyar motsi, ba lokacin da kowa yake tsaye cik ba.